Yawon labarin fatalwa da na bi a Stockholm: zai yiwu mu yi irinsa a Zongon Kumasi?

Telan Aboabo:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Akwai abin da ya tsaya mini a rai tun dawowata daga Suwidin, na kasa sauke shi, shi ya sa na kawo gabanku.

'Yata ta fari tana aure a Stockholm. Da ta haihu a watan Nuwamba, mijinta ya yi mini takardu na je suna, na yi mako uku. A wannan lokacin kafin ƙarfe huɗu na yamma duhu ya rufa, kana sallame la'asar sai ka fara shirin magariba. Wata Asabar surukina ya ce, "Baba, zaman ɗaka ya ishe ka, sa rigar sanyi mu je tsohon gari." Gamla Stan suke ce masa, ɗan tsibiri ne, lunguna duk dutse aka shimfiɗa. Ashe ya biya mana kuɗin wani yawo ne da ake yi a ƙafa da dare, ana ba da labaran fatalwa da na mutanen ɓoye.

Mu kusan ashirin ne. Wata mata ce ta ja mu, da baƙar alkyabba da fitilar hannu. Ta fara tsayar da mu a dandalin da ake kira Stortorget. A nan ne, a Nuwamban 1520, sarkin Danmak Kristian na Biyu ya ci amanar manyan Suwidin. Ya yi musu alkawarin afuwa, ya kira su bikin naɗinsa, aka yi kwanaki ana shagali, sannan ya sa aka rufe ƙofofi. Mutum fiye da 80 aka kashe, har da manyan limaman coci biyu. Ta nuna wani jan gida mai fararen duwatsu a jikin bangonsa, ta ce mutanen gari na cewa kowane dutse na mutum ɗaya ne daga cikin waɗanda aka kashe, in aka cire ɗaya mai shi zai tashi ya yi ta yawo. Sai ta ƙara da cewa gidan kansa an gina shi ne bayan fiye da shekara ɗari da kisan. Wannan ya burge ni. Ba ta cakuɗa mana abin da ya faru da abin da baki ya ƙara ba.

Daga nan ta shigar da mu wani lungu mai matakala, wai shi Mårten Trotzigs gränd, wanda inda ya fi tsukewa santimita 90 ne. Ni tela ne, idona ya san yadi, kuma wannan bai cika yadi ba. A nan ta rage murya ta ba mu labarin myling, wato jaririn da aka kashe a ɓoye ba a binne shi a maƙabarta ba. Wai yakan ɗare bayan matafiyin dare ya ce a kai shi makwanci, kuma kana matsowa kusa da maƙabarta yana ƙara nauyi. A bakin ruwa ta ambaci näcken, mai goge a cikin rafi, wanda kiɗansa ke jan mutum har ya nutse. Da ta zo kan mara, wadda ke hawa ƙirjin mai barci ta danne shi ya kasa motsi, sai na kama hannun surukina na ce, ai wannan dannau ne! Wanda kakata ke ce mana kada mu kwanta rigingine saboda shi.

Amma abin da ya hana ni barci daban ne. A ƙarshen yawon ta nuna tsallaken ruwa, unguwar cocin Katarina, ta ba da labarin farautar mayu da aka yi a ƙasar tsakanin 1668 da 1676, inda aka kashe mutum kusan 300. Shaidun yara ne. Su ke cewa wance ta ɗauke su da dare ta kai su Blåkulla, wurin taron Shaiɗan. A Torsåker a 1675 an kashe mutum 71 rana ɗaya. A Stockholm kuma akwai wata dattijuwa, Malin Matsdotter, wadda 'ya'yan cikinta ne suka ba da shaida a kanta. Ta ƙi amsa laifin da ba ta yi ba, aka ƙone ta da ranta a 1676. A shekarar nan yaran suka fara fitowa suna cewa ƙarya suka yi.

Ina tsaye cikin sanyin nan sai ga wata tsohuwa mai koko ta faɗo mini a rai, wadda ke lungunmu ina yaro. Wani jariri ya rasu, aka ce ita ce. Aka daina sayen kokonta. Mu yara muka yi mata waƙa, kuma ina cikin masu yi. Wata safiya aka wayi gari ɗakinta a buɗe, ta tafi. Yau ko sunanta na gaskiya ban sani ba, alhali waccan ta Suwidin, bayan shekara kusan 350, ana kiran sunanta a titi gaban baƙi.

To ga tambayata. Ina so in haɗa matasa mu fara irin wannan yawon a Zongo: yadda fataken goro suka zo ta Salaga, tsamiyoyin da aka ce akwai masu su, tsofaffin rijiyoyi, gidajen malaman farko. Dattawan da suka san labaran suna ta tafiya. Shin addini ya yarda? Kuma zai karɓu?

Almajirin Asawase:

Wa alaikumus salam Malam Tela, Allah ya raya jika.

A raba maganar biyu. Aljanu gaskiya ne, sura guda ke ɗauke da sunansu. Amma cewa mamaci na tashi ya yi yawo a lungu, wannan ba ya cikin aƙidarmu. Suratul Muminun ta faɗa a fili cewa wanda ya mutu ya roƙi a mayar da shi ba a mayar da shi, akwai barzahu a bayansa har ranar tashi. Saboda haka in ka tsayar da jama'a ka ce musu wane yana fitowa a nan da dare, a matsayin gaskiya, ka koya musu ɓata kuma ka ci kuɗi a kai. In kuwa ka ce haka iyayenmu suke faɗa, ga kuma abin da ya tabbata, kamar yadda matar nan ta yi a gaban jan gidan, ban ga laifi ba. Alƙur'ani ma ya yi umarni a yi tafiya a bayan ƙasa a duba yadda ƙarshen mutanen da ya kasance.

Abu biyu zan roƙe ka. Kada a je gindin tsamiya ana kiran sunayen iskoki don a tsorata baƙi, wannan ya koma wasa da abin da ba a wasa da shi. Kuma kada a sa yawon da almuru, lokacin da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce a tsare yara a gida. Ku fara bayan isha'i.

Hajiya 'Yar Alabar:

Ƙanena, na karanta har ƙarshe, kuma sai da na share hawaye a wajen mai koko. Kowace unguwa tana da tata.

Amma ka tsaya ka duba bambancin. Mutanen da aka yanka a 1520 ba su da jikan da ke zaune a ƙofar gidan yana shan iska. Mu namu suna nan. In ka tsaya da baƙi ashirin ka nuna wani gida ka ce a nan aka taɓa zargin wata da maita, ko da ka biyo da cewa ƙarya ne, gobe maganar da za ta zaga ita ce gidan su wane gidan mayu ne. Akwai 'yan mata a gidan da ba su yi aure ba. Ka san yadda ake bincike in an zo neman aure.

Su can abin ya mutu, shi ya sa suke iya sayar da shi. Ƙanwar mijina da ke can ta ce har yau lokacin Ista 'yan yara kan ɗaura ɗankwali su yi shigar mayu su bi gida-gida ana ba su alewa. Mu kuwa a 2020 aka kashe tsohuwa mai shekara 90 a Kafaba da duka bisa zargin maita, ana kallo, ana ɗauka a waya. Har yanzu akwai mata a Gambaga, mafakar waɗanda aka zarga da maita, da ba su iya komawa garuruwansu. Majalisa ta amince da dokar hana irin wannan zargi a 2023, amma takarda ba ta goge abin da ke cikin zuciya.

Ban ce kada ka yi ba. Ni kaina ina kewar daren da kakarmu ke cewa ga ta nan ga ta nanku mu amsa ta zo mu ji ta. Jikokina ba su san Gizo da Ƙoƙi ba. Ka ba da labarin mai koko, har ka faɗi cewa kana cikin masu waƙar, domin wannan ne zai shiga kunnen yara. Amma ka ba da shi a fili, a inda babu ƙofar kowa.

Jagora daga Ankara (Accra):

Baba Tela, shekara tara ke nan ina kai baƙi Jamestown da Osu da Cape Coast, bari in sa baki.

Mutanen da ka je ƙasarsu sun riga ka zuwa tamu. Ganuwar Cape Coast da ake kai baƙi su ga kurkukun bayi, asalinta 'yan Suwidin ne suka kafa ta a 1653, suka sa mata Carolusborg saboda sarkinsu. Ta Osu kuma, Christiansborg, ta 'yan Danmak ce, wato dangin wanda ya yi kisan dandalin nan. A 1693 Asameni na Akwamu ya shiga da mutanensa a matsayin masu sayen bindiga, ya ƙwace ta, kuma da aka mayar musu bai ba da makullan ba. In na samu baƙi daga can, wannan na fara gaya musu, sai ka ga sun yi tsit. Wasu kuma su rama mini da labarin tomte, ɗan guntun tsohon da ke tsare gona, wanda ake ajiye wa kunu da man shanu a daren Kirsimeti don kada ya yi fushi.

Zai karɓu, amma ba don fatalwa ba. Baƙo na zuwa ne don tsoro, abin da yake komawa da shi gida shi ne labarin mutum. Ka fara da gaishe da Sarkin Zongo da limamai kafin ka taka ko'ina. Ka bi hanyar da ƙafarka da dare ka ga inda kwata take a buɗe da inda pragya, wato keke mai ƙafa uku, ke kutsowa. Kada ya wuce awa ɗaya da rabi, a ƙare wajen mai shayi. Labaran Tonawa kuwa, wato Asante, irin su dodon daji sasabonsam da gajerun mutanen ɓoye mmoatia da takobin bokansu Okomfo Anokye, ka bar wa masu su, ko ka ɗauko ɗansu ya faɗa da bakinsa.

Telan Aboabo:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka. Malam, na riƙe sharuɗɗanka biyu. Yaya Hajiya, maganarki ta fi zauna mini, domin wallahi da na nuna gidan, ban yi tunanin 'yan matan ciki ba. Ba za a nuna ƙofar kowa ba.

Na fasa maganar baƙi tukuna. Akwai aminin mahaifina, tsohon bafataken goro, yanzu ba ya fita ko masallaci amma hankalinsa garau. Ranar Juma'a in an sauko zan je da ɗana ya riƙe waya mu ɗauki muryarsa, in ya yarda. Yawon farko kuma da yaran makarantar allo na unguwarmu za mu yi shi, da izinin malaminsu.

Roƙo ɗaya ya rage. Tsohuwar nan gajeriya ce, fara, tana da zane a kumatu, tana ajiye tukunyarta kusa da famfo, kuma abin ya kai shekara arba'in da biyar. In akwai wanda ya san sunanta, ko garin da ta koma, ko wani nata da ke raye, don Allah kada ya rubuta a nan, ya same ni a shago.