Neman shawara: wane abin tunawa ya dace da birnin da lokaci ya raba biyu?

'Yar Kawo: Assalamu alaikum 'yan uwa marubuta. Ina rubuta labarin wata duniya da na ƙirƙira. Fari ya yi shekara uku, sai sarki ya tilasta wa masanan fada su mayar da lokaci baya zuwa daminar ƙarshe. Aikin ya kuɓuce musu. Gabashin birni kwana ɗaya ya yi, yammaci kuwa shekara 40 ce ta wuce a kansu. Da gari ya waye, uwar da ta bar jaririnta wurin kakarsa ta tarar ya fara furfura, ya girme ta. A babin ƙarshe ina son a ga abin da mutanen suka ƙera don tunawa da masifar. Na yi tunanin agogon da ya tsaya, irin waɗanda aka tsinta a Hiroshima sun tsaya a ƙarfe 8:15 na safiyar 6 ga Agusta 1945, amma mutanena da inuwa da taurari suke auna lokaci. Mutum-mutumi kuma zuciyata ba ta kwanta da shi ba. Don Allah ku ba ni shawara.

Malamin zane, Zariya: Wa alaikumus salam ƙanwata. Ki bar maganar agogo, don a labarinki lokaci bai tsaya ba, rabuwa ya yi. Ki ba su katanga ta laka a daidai layin da birnin ya tsage. Mu nan mun san halin ginin ƙasa: masallacin Juma'a da Babban Gwani ya gina a Zariya a ƙarni na 19 da tubali da azara aka yi shi, kuma irin wannan gini sai da kula yake daɗewa. Fuskar gabas a riƙa yaɓe ta duk bayan damina, a shafe ta da makuba, zanenta ya fito raɗau kamar jiya aka gama. Fuskar yamma kada kowa ya taɓa ta. Ruwa ya zaizaye ta, zane ya dusashe, ciyawa ta tsiro, zanzaro ya yi gida. Zane iri ɗaya ne a fuska biyun, amma wanda ya zagaya zai ga shekara 40 da idonsa. Kuma kowace shekara bambancin ƙaruwa zai yi.

Ɗan Kafanchan: Ni dai ban ga laifin siffar mutum ba, tunda duniyar ba tamu ba ce. Ki leƙa gidan tarihi da ke titin Ali Akilu a Kaduna ki kalli kawunan yumɓu na Nok, waɗanda aka fara tonowa wajen haƙar kuza a 1928. Idanun nan masu huji kaɗai sun isa su sa mutum ya yi shiru. Uwa matashiya da ɗanta dattijo a yumɓu, ai babu mai karatun da zai manta.

'Yar Kawo: Na gode yayana, amma masu karatuna da yawa za su tsaya kan maganar gunki su manta da labarin.

Baba na Unguwar Rimi: 'Yata, ba ki faɗa mana wa ya biya kuɗin aikin ba, kuma nan maganar take. In fada ce ta sa a yi, za a rubuta cewa ƙaddara ce, sunan sarki ba zai fito ba. Gadar ƙarfen da aka ɗauko daga Zungeru aka kafa a lambun Gamji na Kaduna sunan Gwamna Lugga na mulkin mallaka take ɗauke da shi, ba na leburorin da suka yi dakonta ba. Ki bar mutanen yamma su yi nasu da hannunsu, ko da fada ta hana.

Malam na Tudun Wada: Ki sake karanta Suratul Kahfi. Shekara 309 samarin suka yi a kogo, da suka farka suna ce kwana ɗaya ne ko wani yankin yini. Malaman tafsiri sun ce tsohon kuɗin azurfar da ɗayansu ya kai kasuwa ne ya tona lamarin. Ki duba irin ƙananan abubuwan da ke hannun mutanen gabas da safen nan: kuɗin da aka daina karɓa, takalmin yaro, zanen goyo. Sannan ki kiyaye abin da za a rubuta a jikin ginin. An hana mu zagin zamani, don haka laifin ya tsaya kan waɗanda suka shiga abin da ba hurumin ɗan Adam ba.

'Yar Kawo: Allah Ya saka muku da alheri. Katangar zan ɗauka, mutanen yamma ne za su gina, iyaye mata na gabas kuma su danna zannuwan goyo da takalman yara a cikin ɗanyar laka. Malam na Zariya, in fuskar yamma ta ci gaba da zaizayewa, ba za ta ja katangar duka ta faɗi ba? Kaurin nawa zan ba ta?

Malamin zane, Zariya: Ki yi mata gindi mai faɗi irin na ganuwa, tana sirancewa zuwa sama, a kuma fitar da indararo ta gabas. Za ta kai jikokinsu. Daga nan sai su yi gardama kan ko a gyara ta ko a bar ta, kin ga kin samu littafi na biyu.