Stupéfiants a bakin likita: wane suna za mu ba su da Hausa?

Salamu alaikum 'yan'uwa. Kalma biyu nake nema don shirin lafiya na rediyo. Ta farko stupéfiants, kalmar Faransanci ta ƙwayoyi masu sa maye da doka ta tsaurara a kansu, yadda take a bakin likita da mai farmasi, ba a bakin jandarma ba. Ta biyu aikin da hukuma ke yi na bibiyar ordonans, wato takardar da likita ke rubutawa, ta waɗannan magunguna: wa ya rubuta, wa aka rubuta wa, nawa aka bayar, a wace farmasi.

Kullum "miyagun ƙwayoyi" muke cewa. In duwan, wato kwastan, ta kama katan-katan na tramol a hanyar Kusiri, sunan ya zauna daram. Amma dokar Kamaru ta 7 ga Agusta 1997 a kan stupéfiants, kamar yadda ta shafi wiwi da hodar ibilis, haka ta shafi morfin da ake ba mai ciwon daji don ya samu ya runtsa. Wane ɗa ne zai je ya karɓo wa mahaifiyarsa "muguwar ƙwaya" da hannunsa? Ku taimaka.

Mai farmasi, Garwa: Wa alaikumus salam, Malam. Ni "maganin kulle" nake ce wa yaran shago. Ba a jera shi a kanta tare da farasitamol, yana cikin kabad mai makulli. Abin da ya shigo a rubuta, abin da ya fita a rubuta, da sunan likita da na majinyaci da kwanan wata. In masu bincike suka zo, littafi za su buɗe su ƙirga abin da ya rage. Kwalbar allura ɗaya ta ɓace, kai za a tambaya.

Ungozoma, Marwa: Haba Alhaji. Ka ce "maganin kulle" a rediyo, gobe mata sun cika maka shago suna neman na kulle bakin miji. Mai saurare boka zai tuna, in ya tsallake boka ya tuna dokar kullen korona. Ai kai da bakinka ka faɗi abin da ya bambanta shi: sai an rubuta a littafi. Ku ce "maganin rajista". Kowa ya san rajista, daga ta makaranta har ta zaɓe.

Ɗalibin likitanci, Njamena: Ina bayan Hajiya, ga dalilina. Tramadol, wato tramol, da ya fi damunmu ba ya cikin jerin yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1961, ba ya cikin ta 1971. Hukumar kula da ƙwayoyi ta duniya da ke Biyana ba ta ƙirga shi yadda take ƙirga morfin, kowace ƙasa ita ke yanke nata hukuncin. Masar ta tsaurara a kansa a 2012. A Najeriya NAFDAC ta yarda da miligram 50 da 100, masu 200 da 225 da ke yawo a kasuwa haramtattu ne. Faransa kuwa daga 1 ga Maris 2025 ba a bayar da tramadol ko kodin sai da ordonans ta musamman mai wuyar yin jabunta, likita ya rubuta adadi da haruffa ba da lamba ba. Ƙwayar ba ta canza ba, dokar da ke kanta ce ke canzawa. To sunan da ya dace shi ne wanda ke faɗin abin da hukuma ta ɗora wa magani, don yau yana waje gobe a shigar da shi.

Mai shirin rediyo: Madalla, ƙanena, wannan hujjar ta gamsar da ni. Wani ya turo mini "maganin maye" ta gefe. Ban ɗauka ba, don matsalarmu ta farko ce ta dawo da wata riga.

Dattijo, Yaguwa: Yara, sunan ya yi, amma kada ku ce wa jama'a rajista za ta kashe tramol. Ɗan klando, wato ɗan acaɓa, da ke haɗiya da shayi da asuba, wane likita ya rubuta masa? A faranti ya saya, a bakin tasha.

Mai shirin rediyo: Gaskiyarka, Baba, kuma ƙasarmu ta ba da shaida mai ban mamaki. A 2013 masu bincike daga Faransa da Kamaru suka sanar cewa sun samu tramadol a saiwar tafashiya, aka yi ta murna wai Allah ya halitta shi a itace. A 2014 wasu masanan daga Jamus suka sake gwaji, suka same shi a saiwar da aka haƙo a Arewa Mai Nisa, ba su same shi a ta kudu ba. Ashe manoma ne ke sha, suna kuma ba shanun huɗa don kada su gaji, fitsari da kashin dabbobi suka ratsa ƙasa da ruwa har itace ya tsotsa. Maganin da ya kai saiwar itace ba ta hanyar ordonans ya bi ba. Shi ya sa nake son sunaye biyu su rabu a kunnen mai saurare: na faranti ya ci gaba da zama muguwar ƙwaya, aikin duwan da jandarma ne, na kabad ya zama maganin rajista, aikin ma'aikatar lafiya ne. Muddin suna ɗaya ya haɗa su, likita zai ji tsoron rubutawa, dangi su ji kunyar karɓa. Yuganda tun 2004 ta ba nas-nas da suka samu horo damar rubuta morfin na ruwa, saboda masu ciwo sun fi likitoci yawa nesa ba kusa ba.

Saura kalma ta biyu. A Amurka jihohi suna da rumbun kwamfuta da farmasi ke zuba kowace ordonans ta irin wannan magani, likita ya leƙa kafin ya rubuta, ya ga ko majinyaci ya riga ya karɓa wurin wani likitan. Kalifoniya ta fara nata da takarda tun 1939. Na yi tunanin "sa ido".

Ungozoma, Marwa: A'a Malam, 'yan sa ido magulmata ne. Mara lafiya zai ji kamar za a kai sunansa majalisar ƙofar gida. "Bin diddigi" kuma da zargi a ciki.

Mai farmasi, Garwa: "Bin sawu" fa? In saniya ta ɓace sawunta ake bi, ba a tare kowane makiyayi a hanya. Kuma a manna shi ga takarda, kada a manna shi ga mutum: bin sawun takardar likita. Tsofaffinmu "ordonans" suke ji, 'yan'uwanmu na Mubi ba sa ji, amma takardar likita kowa ya sani.

Mai shirin rediyo: To ga yadda zan karanta: "Morfin maganin rajista ne, ba a bayar da shi sai da takardar likita, kuma hukumar lafiya tana bin sawun takardar." Jam'i magungunan rajista. Mutanen Njamena da Ngaundare, in wani wuri ya yi muku nauyi a baki ku faɗa kafin Alhamis.