Haifoksiya: ƙarancin iska ne, ko ƙarancin oksijin a jiki?

Ɗalibar Jinya:

Assalamu alaikum malamai da 'yan'uwa. Ina neman a fayyace mini kalmar nan ta likitanci, haifoksiya. A rubuce-rubucen Hausa wasu suna fassara ta da "ƙarancin iska", wasu su ce "sarƙewar numfashi", wasu kuma "shaƙewa". To amma ga haifoksimiya, ga anoksiya, ga asfiksiya, duk a littafi ɗaya, kuma ba na jin an ƙirƙiro kalma huɗu don abu guda. Mene ne bambancinsu? Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne, an ce mutum zai iya kasancewa cikin haifoksiya alhali na'urar da ake maƙala wa yatsa tana nuna 98. Ta yaya? Sannan idan za a yi wa masu jinya bayani da Hausa, wace kalma ce ba za ta ɓatar da su ba? Allah Ya saka da alheri.

Malam Mai Alli:

Wa alaikumus salam 'yar'uwa. Kalmomin duk daga Girkanci aka harhaɗo su. "Haifo" na nufin ƙasa da yadda ya kamata, "oks" kuma gutsuren sunan oksijin ne. Haifoksiya ke nan: oksijin ɗin da ke isa can cikin ƙwayoyin halittar jiki, inda ake ƙona abinci a samu ƙarfi, bai kai abin da suke bukata ba. Idan aka liƙa "imiya", wato jini, an taƙaita magana a kan jinin da ya baro huhu kaɗai, shi ne haifoksimiya. "An" korewa ce, don haka anoksiya babu oksijin ɗin ɗungurungum, kamar ƙwaƙwalwar wanda zuciyarsa ta tsaya. Tsofaffin littattafai kan ce anoksiya a inda yau za a ce haifoksiya, kada wannan ya rikita ki.

Hanyoyin faɗawa haifoksiya huɗu ne. Uku daga ciki wani masanin Birtaniya, Joseph Barcroft, ya rarrabe su a 1920, aka ƙara ta huɗu daga baya. Ki kwatanta da hatsin da za a ɗauko daga Dawanau zuwa wani gari: ko ba a yi lodi sosai ba, ko motoci sun yi kaɗan, ko hanya ta toshe, ko kaya sun iso ƙofar gida an rasa mai saukewa.

A huhu ake lodi. Nimoniya, asma, taruwar ruwa a huhu da hawa tsauni mai tsawo duk suna rage abin da ke shiga jini, kuma wannan kaɗai na'urar yatsa ke kamawa da kyau. A kan tsaunin ma oksijin yana nan kashi 21 cikin 100 na iska, matsin iskar ne ya ragu. A ƙololuwar Everest, mita 8,849, kusan sulusin na bakin teku ne.

Motocin su ne hemogulobin, abin da ke sa jini ja, kuma a nan amsar tambayarki take. Giram ɗaya yana ɗaukar kusan mililita 1.34 na oksijin. Mai hemogulobin giram 15 a kowane mililita 100 na jini yana da kusan mililita 20 na oksijin a cikinsu. Yaron da maleriya ta shanye wa jini ya koma 5, nasa bai kai mililita 7 ba. Ita kuwa na'urar ba ta ƙirga motoci, nawa cikin ɗari suka cika kawai take dubawa. 'Yan motocin da suka rage suna cike taf, ta rubuta 98, yaro kuwa yana haki, tafin hannunsa fari fat. Wannan ƙarin jini yake bukata, oksijin kaɗai ba zai fisshe shi ba.

Hayaƙin janareta da garwashin gawayi a rufaffen ɗaki su ma nan suke shiga. Kabon monoksaid, gubar iskar da suke fitarwa, ba shi da wari ba shi da launi, yana kama hemogulobin da ƙarfin da ya ninka na oksijin sau 200 da ɗoriya, na'urar kuma ta ga mota a cike ta ɗauka kayan kirki ne. Idan mutanen ɗaki ɗaya suka tashi da ciwon kai, jiri da tashin zuciya a lokaci guda, musamman da hunturu da ake shiga da kasko, a fito da su waje, a kai asibiti, a ba su oksijin mafi ƙarfi ko da na'ura na nuna 99. Da iskar gari sai awa 4 zuwa 5 kafin rabin gubar ya fita, da tsantsar oksijin bai wuce awa ɗaya da rabi ba.

Toshewar hanya ita ce gazawar zuciya, zubar jini mai yawa, ko gudan jini a jijiya. Idan gaɓa ɗaya abin ya shafa ana ce masa iskimiya. Ta huɗun kuwa guba ce irin sayanaid, wadda ke cikin rogo mai ɗaci da ba a jiƙa an shanya yadda ya kamata ba. Oksijin ya iso, ƙwayar halitta ta kasa amfani da shi.

Sistar Ɗakin Yara:

Malam ya gama magana a kan ma'ana, bari in ɗora a kan aiki, ƙanwata. Lafiyayyen mutum 95 zuwa 100 yake nunawa. Ƙasa da 90 ana sa oksijin, yaron da ke da alamun gaggawa kuwa tun daga ƙasa da 94, bisa ƙa'idar Hukumar Lafiya ta Duniya. Ba don ado aka zaɓi 90 ba: daga nan zuwa ƙasa hemogulobin yana sakin oksijin da sauri, mai 88 zai iya komawa 75 kafin ki dawo daga ɗauko tukunyar oksijin. Dattijon da huhunsa ya daɗe da lalacewa saboda taba ko hayaƙin murhu, shi 88 zuwa 92 ake nema masa, a wuce haka numfashinsa na iya yin sanyi.

Kafin ki yarda da lambar, ki ɗumama yatsan idan ya yi sanyi, ki goge jan farce, idan akwai baƙin lalle ki koma yatsan da babu ko fatar kunne. Hannu ya tsaya cik, ki kare na'urar daga hasken rana, ki jira lambar ta daina rawa. Sai ki taɓa jijiyar wuyan hannu: idan bugun da kika ƙirga bai yi daidai da wanda na'ura ta rubuta ba, lambar oksijin ɗin ma ba abin dogaro ba ce. Jariri ba a maƙala masa ta manya, mai naɗewa ake sa masa a ƙafa.

Wani abu da ya shafe mu kai tsaye: na'urar kan ƙara wa baƙar fata maki. A wani binciken Jami'ar Michigan ta Amurka na 2020, cikin waɗanda na'ura ta nuna musu 92 zuwa 96, kashi 11.7 na baƙaƙe ainihin jininsu yana ƙasa da 88, farare kuwa kashi 3.6. Don haka 92 a yatsan yaronmu mai haki ba wurin sakin jiki ba ne.

Kuma kada ki jira ya yi shuɗi. Shuɗin ba ya fitowa sai hemogulobin marar oksijin ya kai kusan giram 5 a mililita 100 na jini, mai ƙarancin jini zai iya mutuwa bai nuna ba. A harshe da dasashi ake duba shi, ba a fata ba. Ki ƙirga numfashi minti ɗaya cur, ya yi sauri idan ya kai 60 ga wanda bai kai wata 2 ba, 50 daga nan zuwa shekara, 40 zuwa shekara 5. Ki duba faɗawar ƙasan ƙirji, buɗewar hanci, nishi, kai na gyaɗawa da kowane numfashi, kasa kama nono. Babba kuma yakan fara da ruɗewa da fizge-fizge kafin ya yi laushi.

Idan ta robar hanci za a ba da oksijin, jariri sabon haihuwa rabin lita zuwa 1 a minti, ɗan ƙasa da shekara guda lita 1 zuwa 2, yaro babba har 4. Takunkumin fuska kada ya gaza lita 5, in ba haka ba iskar da ya fitar zai riƙa mayarwa. Abin da ya fi ɓata aiki shi ne majina ta toshe robar, ko ƙurar hunturu ta cike matatar injin tace oksijin. Man shafawa, taba da wuta kada su kusanci tukunya.

Batun fassara, ni ba na goyon bayan "ƙarancin iska". Ki ce haka, a buɗe taga a ɗauko mafici a ce an yi magani. Kuma kin san abin da "iska" ke nufi a kunnen wasu iyayenmu, a wuce da yaro wurin turare. Ki ce "oksijin ya yi ƙaranci a jikinsa" ko "a jininsa", kalmar ta riga ta shiga bakin mutane.

Ɗalibar Jinya:

Na gode Malam, na gode Sista, Allah Ya ƙara ilimi. Saura asfiksiya, ita ce nake yawan gani a takardun jarirai.

Inna Ungozoma:

'Yata, wannan ita ce "shaƙewa" ta dace da ita. Asalin kalmar a Girkanci "babu bugun jijiya" take nufi, ma'anar ta gusa. Yau ana nufin musayar iska ta tsaya: oksijin ya faɗi, kabon dayoksaid, iskar da muke fitarwa, ya taru, jini ya yi tsami. Haifoksiya ɓangare ɗaya ne nata. Nutsewa a ruwa, maƙurewa da ƙwarewa da abinci duk ita ce.

Ga jariri, doguwar naƙuda ce ke kawo ta, ko mabiyiya ta rabu kafin lokaci, ko cibiya ta matse. Minti na farko shi ne komai. A tsane shi da busasshen zane, a murza bayansa. Bai yi numfashi ba, a kwantar da shi rigingine, a ɗan ɗaga haɓa, a rufe hanci da baki da takunkumi a matsa jakar hura iska sau 40 zuwa 60 a minti. Wanda ya cika wata tara da iskar ɗaki ake fara masa, ba a jiran tukunya. Ido a kan ƙirji: idan ba ya ɗagawa, a gyara kai, a gyara zaman takunkumi, a share baki. Ba a riƙe shi ta ƙafa kai a ƙasa, ba a mari, ba a watsa ruwan sanyi. Lokaci kawai ake ci, ƙwaƙwalwa kuwa cikin 'yan mintuna take fara lalacewa. Wanda ya farfaɗo a sa masa ido kwana uku, jijjiga da kasa tsotso ne alamun ƙwaƙwalwar ta taɓu.

Mai Kandami:

Gafara dai likitoci, kalmar ba ta asibiti kaɗai ba ce. Masana ruwa suna cewa ruwa ya shiga haifoksiya idan narkakken oksijin ya gaza miligiram 2 a lita. Kiwon kifi sama da 5 ake so. Ruwan ɗumi ba ya riƙewa da yawa: kusan 9 a digiri 20, kusan 7.5 a digiri 30. Da rana gansakuka na samar da oksijin, da dare ita da kifi da ruɓaɓɓen abinci duk sha suke yi, shi ya sa da asuba ake ganin karfasa a saman ruwa tana buɗe baki. Tarwaɗa tana shaƙar iska daga sama, ta fi jurewa, sai ta ɓoye wa mai ita matsalar. A dakatar da abinci, a sauya sulusin ruwan, a kunna famfo ya riƙa zubo shi daga sama.

Sai rijiya da ramin masai. Ƙasa da kashi 19.5 na oksijin ba a shiga. Kabon dayoksaid ya fi iska nauyi, a ƙasa yake kwanciya. Shi ne ya fito daga tafkin Nyos na Kamaru a Agustan 1986 ya kashe mutum sama da 1,700. Zura fitila a ga ko za ta mutu yana nuna wani abu a rijiya, amma a masai iskar na iya kamawa da wuta, kuma fitila ba ta gane guba. A hura iska da bututu har ƙasa kafin a shiga, mai shiga da igiya a ɗaure a ƙirjinsa, mutum biyu a sama, injin jan ruwa mai fetur kuma a waje nesa da bakin rami. Idan na ciki ya yanke jiki ya faɗi, da igiyar za a jawo shi, kada wani ya bi shi.