Waɗanda suka tsufa da tabar wiwi: wa ya taɓa zama da irinsu?

Mai tambaya: Assalamu alaikum. Na kalli wani gajeren fim na labarin gaskiya a kan wani dattijon Bature da ya ce tun yana saurayi yake zuƙar wiwi, ga furfura fal, yana dariya wai lafiyarsa ƙalau. Mu nan kullum matasa ake nuna wa yatsa. To waɗanda suka fara tun zamanin Gowon fa, ina suka shige?

Jikan tsohon soja: Wa alaikumus salam. Suna nan cikin gidajenmu. Kakana ya yi yaƙin Bama, kuma ana cewa sojojin da suka dawo daga Yaƙin Duniya na Biyu na cikin waɗanda suka yaɗa ta a ƙasar nan. Bayan la'asar sai ya zagaya bayan rumbu, kaka ta ce mana wai hayaƙin korar sauro yake yi. Ya yi tsawon rai, Allah ya jiƙansa, amma tarinsa na asuba har maƙwabta ke ji.

Ma'aikaciyar jinya: Ɓoyewar ce ke wahalar da mu. Baba ya zo za a yi masa tiyata, ka tambaye shi gaban 'ya'yansa, ya ce shi goro kaɗai yake ci. Alhali mai shan ta yakan buƙaci maganin sa barci fiye da kima. Tana kuma hanzarta bugun zuciya, ta sa jiri idan mutum ya miƙe. Tsoho kuwa faɗuwa ɗaya na iya karya masa ƙugu. Yanzu sai na fitar da iyalai waje kafin in tambaya.

Tsohon direban tirela: Ni da kaina na sha ta, tun ina yaron mota. Da na daina, barci ya ƙaurace mini, abinci ba ɗanɗano, faɗa kuwa Hajiya ce ta sha shi. Sannu a hankali ya wuce. Kuma ganyen da muka sani daban, wannan Loud da Colorado ta yaran yanzu daban. Zuƙa biyu ta taɓa kwantar da wani abokina.

Malamin makaranta: A tuna, Kanada ta halatta ta a 2018, nan kuwa hukumar yaƙi da miyagun ƙwayoyi ta NDLEA ba ta duba furfura. Rahoton 2018 na wani bincike da aka yi a Najeriya ya nuna mutum miliyan 10.6 ke shan ta, amma daga shekara 15 zuwa 64 aka ƙirga. Su Baba direba ba sa ciki ke nan.

Tsohon direban tirela: Malam, a lokacin ban kai 64 ba, da ni aka ƙirga!