Ina ake samun hoton hawan daba na 1956?

Ɗan Fagge: Salamu alaikum 'yan zaure. Ina haɗa fim kan hawan daba, ina neman hoton wanda aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956. Na ga guntaye a YouTube, amma duk da tambari a jikinsu. Ina zan dosa?

Mai Majigi: Wa alaikumus salam. In tambarin British Pathé ne, wato kamfanin Ingila mai ajiye tsofaffin fina-finan labarai, tun 2014 suka zuba dubban fina-finansu a YouTube, amma don kallo kawai. Mai son sawa a fim sai ya sayi izini, sannan su ba shi marar tambari. Kafin ka rubuta musu, ka tsai da daƙiƙoƙin da kake so, daga ina zuwa ina, ka kuma faɗi inda za a nuna: talabijin ne, sinima, ko intanet, kuma a waɗanne ƙasashe. Da wannan suke yanka kuɗi. Kada ka ce a ba ka duka, aljihunka zai yi kuka.

'Yar Zazzau: Malam ya gama magana. Sai dai in ka samu, ka yi hattara da muryar mai sharhin. Baturen zamanin ne ke magana, don 'yan ƙasarsu aka yi. Ni hoton nake ɗauka, in kai wa dattawan fada su kalla, su ce wannan tawagar sarkin kaza ce, wancan lifidi ne. Abin da ke fitowa daga bakinsu ya fi sharhin daraja nesa ba kusa ba.

Ɗan Fagge: Hajiya, wannan dabara ta yi. To a nan gida fa, babu komai?

Mai Majigi: Akwai ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa a Jos, ƙarƙashin Hukumar Fina-finai ta Najeriya. A ajiyar hukumar aka tsinto Shaihu Umar na Adamu Halilu, fim ɗin 1976 da aka ɗauka ya ɓata, aka gyara shi aka nuna a Berlin a 2018. Don takardu da hotunan kati kuma, ka leƙa Gidan Arewa a Kaduna.

Bamaraɗe: Mu nan Nijar, INA, wato ma'ajiyar shirye-shiryen rediyo da talabijin ta Faransa, muke fara dubawa, amma da Faransanci za ka yi binciken.

'Yar Zazzau: Kuma kar a raina kaset ɗin gidajen sarauta. Na taɓa samun hawan sallah a wani kaset da ya yi shekaru cikin adaka, rabinsa duk ya yi funfuna. In kuma gwangwanin fim aka miƙo maka ka ji yana warin tsami, ya fara lalacewa ke nan, kada ka yarda a ɗora shi kan majigi.

Ɗan Fagge: Allah ya saka da alheri. Bari in fara ƙirga daƙiƙoƙin, gobe in rubuta musu.