Mai lamba 99 ɗin nan, ƙwallo yake bugawa ko kokowa?

Telan Sabon Gari:
Assalamu alaikum ƴan uwa. Ina da ƙane, shekararsa 19, ya haura kilo 100, yana kokowa tun yana ƙaramin yaro. Shekaranjiya da dare a fadarmu ana jiran shayi na biyu, wani ya miƙo waya da bidiyon ƙwallon Amurka, wanda suke sa hular kwano. Wani gajeren ƙato mai lamba 99 ne yake ture mutum biyu kamar buhunan ƙaiƙayi. Sau biyar muka maimaita, ban ga ya taɓa ƙwallon ba ko sau ɗaya. Tun daren nan yaron ya hana ni sakat, wai shi ma aikin da zai yi ke nan. Wane ne mutumin, mene ne aikinsa a fili, kuma ɗan Maraɗi yana da hanyar kai wa can?

Direba a Greensboro:
Wa alaikumus salam, Malam Tela. Idan rigar shuɗiya ce da ƙahon rago a hular, Aaron Donald na ƙungiyar Rams ka gani. Ni ma da na zo nan Amurka na daɗe ina yi wa wasan kallon haukan banza, sai da wani abokin aikina ya zaunar da ni.

Kowane ɓangare mutum 11 ne. Masu riƙe da ƙwallo ana ba su dama huɗu su ci yadi 10, wajen mita 9 ke nan. Suna da mai jifa, shi ne ƙwaƙwalwar ƙungiya, kuma ƙatta biyar ne suke tsaye gabansa kamar katanga. Su Donald su ne layin gaba na masu tsaro, mutum uku ko huɗu, suna duƙe da hannu a ƙasa, hular wannan kusan tana gogar ta wancan. Da ƙwallo ya motsa sai a haɗu. Aikinsa ya fasa katangar ya kayar da mai jifa kafin ya saki ƙwallon, ko ya toshe wa mai gudu hanya. Daƙiƙa biyu zuwa uku yake da su. Shi ya sa ba ka ga ya taɓa ƙwallo ba, ba shi aka aike shi ba.

An haife shi a Pittsburgh a 1991. Yana da shekara 12 mahaifinsa ya fara tada shi tun kafin asuba suna ɗaga ƙarfe a ɗakin ƙasa na gidansu. Da ya gama jami'ar Pittsburgh, masu zaɓen ƴan wasa da yawa sun ce ya yi gajarta. Tsawonsa mita 1.85 ne, nauyi wajen kilo 127, alhali waɗanda zai tura suna kai kilo 140 har su wuce. A zaɓen 2014 sai da aka ɗauki mutum 12 kafin Rams su ɗauke shi, lokacin ƙungiyar tana St. Louis, ba ta koma Los Angeles ba tukuna.

To gajartar nan da aka raina ita ta zama makaminsa, kuma wannan ƙanenka zai gane fiye da ni. Wanda ƙugunsa ya fi ƙasa shi ke ɗaga abokin karawa. Donald yana shiga ƙarƙashin ƙirjin dogo, ya doke hannuwansa gefe tun ba su kama shi ba, ya sulale ta kafaɗa. Har da wuƙaƙen roba yake atisaye, mai horar da shi yana kawo sara shi kuma yana kaucewa yana kaɗe hannun, don hannu ya riga tunani. Sau uku yana zama gwarzon mai tsaro na shekara, 2017 da 2018 da 2020. A 2018 kaɗai sau 20 da rabi ya kayar da mai jifa. Rabin nan kar ya ba ka dariya, in mutum biyu suka yi kayen tare raba musu ake yi.

Wasan da ba na mantawa shi ne Super Bowl, wato wasan ƙarshe na cin kofi, na Fabrairun 2022 da ƙungiyar Cincinnati. Rams na gaba 23 da 20, saura ƙasa da minti ɗaya, dama ta huɗu. Donald ya kutsa ya cafki Joe Burrow, mai jifan Cincinnati, ya juya shi, ƙwallon ya faɗi ƙasa babu mai kamawa. Ya tashi da gudu yana nuna yatsan da za a sa masa zoben nasara. Ina cikin mota a bakin wani shago ina kallo a waya, na buga oda ban sani ba.

Tsohon Mai Kallon Kokowa:
Ɗana, duk wannan da direba ya zayyana ai kokowa ce aka sa wa sulke. Ni tun zamanin Kantu nake zuwa fili, wanda ya ɗauko wa Maraɗi takobin farko a 1975, har filin kokowarmu sunansa yake ɗauke da shi. Duƙawar nan da hannu a ƙasa, da neman ƙugu, da ƙin bari a riga ka kamu, babu baƙo a ciki. Amma mu in an yi kaye an gama, makaɗi ya wasa ka, ka karɓi kari ka tafi gida. Su kuwa na ji a wasa ɗaya sai a yi ta karo sau hamsin ko fiye. Kan mutum ba turmi ba ne. Ka ce wa yaro ya fara shiga cikin ƴan kokowa goman da ke wakiltar Maraɗi tukuna, mu ga ƙafarsa a yashi.

Malamin Lise:
Baba ya taɓo inda ke da ciwo. Likitoci a Amurka sun gano cutar ƙwaƙwalwa da ake kira CTE a jikin tsofaffin ƴan wasan da yawa bayan rasuwarsu, daga yawan karon kai, kuma ƴan layin gaba kusan kowane tashi sai sun yi karo. Yawancin masu shiga NFL, babbar gasar wasan a Amurka, ba sa cika shekara huɗu. Donald ya yi 10, ya yi kaye 111, ya ajiye a Maris 2024 yana da shekara 32 da ƙafafunsa. Kwantiraginsa na 2018 dala miliyan 135 ne na shekara shida, dalar Amurka fa, ba tamu ta sefa biyar ba.

Batun hanya kuma, akwai ta amma siririya ce. Osi Umenyiora, wanda iyayensa ƴan Najeriya ne kuma ya yi yarinta a can, shi ma ɗan layin gaba ne, ya ci Super Bowl biyu da New York Giants. Yanzu shi ke jan ragamar neman matasa a Afirka, a 2022 NFL ta yi sansaninta na farko a Ghana. Kuma an taɓa ɗaukar ɗan kokowa tsantsa: Stephen Neal, zakaran duniya na 1999, bai buga wasan a jami'a ba, ya ci zoben nasara uku da ƙungiyar Patriots. Sai dai suna auna gudun yadi 40 da tsalle, ba nauyi kaɗai ba, kuma dole sai da Ingilishi. Donald da duk jikin nan ƙasa da daƙiƙa biyar yake cinye yadi 40.

Telan Sabon Gari:
Na gode, Allah ya saka da alheri. Na karanta masa duka. Maganar Baba ba ta yi masa daɗi ba, amma bai musa ba. Yau da safe mun je bayan gari wajen gulbi, na auna mita 36 da rabi da tef ɗin ɗinkina, na riƙe waya ya ruga. Daƙiƙa shida da ɗoriya, kuma ya zube yana haki kamar an koro shi. Ya ce yashi ne ya riƙe shi, gobe a kan hanyar laterit za mu sake.