Kotu ta wanke shi, shikenan magana ta ƙare?

Usman: Salamu alaikum jama'ar Gwagwa. Jiya aka yanke hukunci a shari'ar kisan ƙanena, Allah ya jiƙansa. Shekara huɗu muna zarya kotu, ƙarshe alƙali ya ce an sallami wanda ake tuhuma kuma an wanke shi. Inna na zaune a bencin baya da carbinta, ba ta jin Turanci, sai da ta ga yaron ya rungume lauyansa sannan ta gane. Har muka iso gida ba ta ce uffan ba. Akwai abin da ya rage mana?

Alhaji Bala: Allah ya ba ku haƙuri, Usman. Gaskiya ɗaci gare ta. Doka ta hana a gurfanar da mutum sau biyu kan laifi guda. Bakin alƙalami ya bushe, ku bar wa Allah.

Barista Hadiza: Alhaji, ranka ya daɗe, rabin maganar ka ɗauko. Sashe na 36(9) na tsarin mulkin 1999 ya hana sake shari'ar wanda aka wanke, amma a ƙarshensa ya ce sai dai da umarnin kotun da ke sama. Ɗaukaka ƙara ba sabuwar tuhuma ba ce, tsohuwar shari'ar ce ake kai wa gaba a duba ko alƙali ya yi kuskure. Inda gizo ke saƙar shi ne, Usman ba shi da ikon shigar da ita da kansa. Sashe na 243 ya ba wanda ake tuhuma da ɓangaren Antoni Janar wannan dama, dangin mamaci kuwa matsayin shaida kawai suke da shi. A nan Abuja ofishin Antoni Janar na Tarayya za ku rubuta wa koke, kuma kwana 90 ne wa'adin, daga jiya aka fara ƙirga.

Malam Isa: Wannan ne ke ci min tuwo a ƙwarya. A shari'ar Musulunci waliyyan jini su ne masu haƙƙi, su nemi ƙisasi, ko su karɓi diyya, ko su yafe. A nan kuma uwar da ta haifa sai ta nemi alfarmar wani jami'i da bai taɓa ganin ɗanta ba.

Garba Direba: Allah gafarta Malam, ku ji ɗaya ɓangaren ma. Ni na yi shekara uku a tsare ina jiran shari'a kan abin da ban ji ba ban gani ba. Ranar da aka wanke ni na fito na tarar an sayar da motata, 'yata ba ta shaida ni ba, ɓuya ta yi bayan uwarta. Da a ce washegari an ce gwamnati ta ɗaukaka ƙara, wallahi ban san me zan zama ba. Usman ɗan'uwana ne, amma ba duk wanda aka wanke ne ya sayi shari'a ba.

Barista Hadiza: Yaya Garba, shi ya sa ƙofar take da ƙunci. Kotun Ɗaukaka Ƙara ba ta saba sake kiran shaidu ba, kundin shari'ar take karantawa. In alƙalin farko ya ga shaida da idonsa ya ce bai gamsu da shi ba, da wuya a rushe hakan. Amma in ya yi watsi da hujjar da doka ta yarda da ita, ko ya fahimci dokar a karkace, nan akwai magana. Laifi ne na sashe na 221 na Final Kod, wato kundin dokokin hukunta laifuka, hukuncinsa kisa, dole hujja ta kore duk wani kokwanto mai tushe.

Alhaji Bala: To ko an ɗaukaka, ina ake zuwa? Ku tuna Manjo Al-Mustapha. Babbar kotun Legas ta yanke masa hukuncin kisa a 2012 kan kisan Kudirat Abiola, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta wanke shi a 2013, gwamnatin Legas ta nufi Kotun Ƙoli, sai a 2017 aka ba ta izinin shigar da ƙarar bayan wa'adi ya wuce. Wannan fa gwamnatin jiha ce guda. Ina ga talaka daga Gwagwa?

Barista Hadiza: Misalinka ya taimake ni, Alhaji. Da ba a iya ƙalubalantar wankewa, da Kotun Ƙoli ba ta ba da izinin ba. Jinkiri kam akwai shi, ban musa ba. Usman, me alƙalin ya ce shi ne dalili?

Usman: Wai likitan da ya duba gawar bai zo ya ba da shaida ba, kuma wuƙar da aka ɗauko a wurin ba a kawo ta kotu ba. An canza wa ɗan sandan da ya yi binciken wurin aiki tun shekara ta biyu.

Barista Hadiza: Ba zan rufe ka ba, wannan giɓi ne daga masu gabatar da ƙara, kuma ɗaukaka ƙara ba ta cika cike irinsa ba. Duk da haka ban yanke ƙauna ba sai na karanta. Ka je wurin magatakardan kotun ka nemi kwafin hukuncin mai hatimi. Kwana bakwai tsarin mulki ya ɗiba don a ba ɓangarorin shari'a kwafi, don haka ka bi ta hannun lauyan gwamnatin da ya riƙe ƙarar.

Garba Direba: Gobe da ƙarfe takwas ina Maitama da fasinja. Ka jira ni a bakin masallaci, mu tafi tare.

Usman: Na gode Yaya. Amma don Allah kada kowa ya gaya wa Inna tukuna, sai Barista ta karanta.